Minti Huɗun Kawu Usur

Lahadi, 4 ga wata, ƙarfe shida da rabi na safe

Ba zan rubuta komai game da jiya ba. Abin da ya rage na aiki kawai zan rubuta.

A mayar wa kwamitin gidan tarihi kujerunsu. A ɗauko majigin da muka bari a tsohon ɗakin cin abincin ma'aikata. Wayar lasifika ɗaya ta ɓace. Farin ƙyallen da muka rataya a bango yana can har yanzu, wani ya watsa masa shayi.

Mutum ɗari da arba'in suka zo, da kaina na ƙirga su kafin a ja labule. Tsofaffin leburori, direbobin tifa, matan da mazajensu suka yi aiki a ramin, da jikoki. Shekara biyu ina haɗa fim ɗin nan a kan ramin tama da aka rufe, jiya ne kuma mutanen da ke cikinsa suka fara ganinsa. Sun yi dariya a inda na so su yi. Da aka nuno Raƙuma, ƙaton injin tonon da marigayi Baba ya tuƙa shekara ashirin da biyu, wani tsoho ya miƙe tsaye ya cire hularsa. Har zuwa minti na hamsin da biyu lafiya lau.

Kawu Usur yana layin gaba. Ni na zaunar da shi a wurin. Ni na goge masa kujerar da gefen mayafina.

Kujeru. Majigi. Waya.

Lahadi, ƙarfe huɗu na yamma

Almakashi, abokin aikina, ya kira sau uku. Ban ɗauka ba.

Litinin, 5 ga wata, ƙarfe biyu na rana

Na je ɗakin tacewa don ba ni da wurin zuwa. Ɗaki ne guda a saman shagon mai facin taya, kwamfuta biyu, fanka mai kukan akuya, da taga ɗaya da muka toshe da kwali saboda haske. Almakashi shi ke tace mini fim, shekara shida ke nan. Na laƙaba masa sunan ne don ba ya tausayin hoto, komai kyansa in bai da amfani sai ya datse. Kullum na shigo sai ya ce, "Ranki ya daɗe, yau me za mu yanka?" Yau bai ce ba. Ya dai turo mini kofin shayi.

Ya ce, "Kin je wurinsa?"

Na ce zan je.

"Haka kika ce mini wancan watan."

"Na sani."

"Na ce ki tambaye shi kafin mu saka. Sau nawa na faɗa?"

"Ban ƙirga ba."

"Ni na ƙirga. Biyar." Ya juya ga allonsa, ya daɗe yana kallon abin da babu komai a ciki. Can ya ce, "Amma hannuna ne ya saka. Kada ki kwashe laifin duka, ki rage mini nawa."

Ban san me ya sa wannan ya fi faɗa zafi ba.

Talata, 6 ga wata, ƙarfe biyar na yamma

Gidan Inna. Na same ta tana ninke wanki a falo. Ba ta je kallon ba saboda gwiwarta, amma labari ba ya bukatar gwiwa, ya riga ni isowa.

Ba ta tada maganar ba. Ta tambaye ni ko na ci abinci. Ta ce na rame. Ta ce famfon bayan gida ya sake zuba, sai ta yi shiru, domin tun rasuwar Baba shekara goma sha biyu, Kawu Usur ke zuwa duk ƙarshen mako da jakar ƙarafunansa ya gyara abin da ya lalace a gidan nan. Ba ƙanen Inna ba ne, ba kuma ɗan'uwan Baba ba. Abokin Baba ne, kuma helumansu a ramin, shi ke duba bango kafin ma'aikata su sauka, da usur rataye a wuya. In ya busa, kowa ya ajiye aiki ya hau sama. Ina ƙarama shi ke ɗora ni a kan kekensa ya kai ni bakin ramin, ya nuna mini matakalan da aka sassaƙa a jikin ƙasa, ya ce in ƙirga. Ban taɓa wuce tara ba, sai kaina ya fara juyawa.

A kan tebur na ga koren kwanon nan namu mai murfi. Tun ina yarinya yake yawo tsakanin gidanmu da gidan Kawu, bai taɓa dawowa babu komai a ciki ba.

Inna ta ce, "Gwaggonki ta aiko da shi ɗazu."

Na buɗe. An wanke shi tas, har an goge.

Laraba, 7 ga wata, ƙarfe bakwai na safe

Gobe zan je.

Alhamis, 8 ga wata, ƙarfe goma sha ɗaya na safe

Na je har layinsu. Tsofaffin gidajen ma'aikata, duk iri ɗaya, rufin kwano, ƙofa shuɗiya. Na tsaya da mota a gaban shagon aski.

Wani ya kwaɓa jar ƙasar ramin ya rubuta 7 a ƙofarsu, babba, daga sama har ƙasa. Gwaggo, matar Kawu, tana tsaye da bokiti da tsumma tana gogewa. Mace mai shekara saba'in. In ta goge sama sai jan ruwan ya gangaro mata ta hannu har gwiwar hannu. Maƙwabta suna zaune a bakin ƙofofinsu. Ba wanda ya tashi.

Ni ma ban tashi ba. Na zauna riƙe da sitiyari kamar an ɗaure ni da shi. Abin da ya sa na tada mota na gudu shi ne na kama kaina ina lissafin daga wane ɓangare hasken ya fi faɗa mata da kyau.

Allah ya shirye ni.

Juma'a, 9 ga wata, ƙarfe huɗu na yamma

Shugaban kwamiti ya kira ni gidan niƙa, inda da ake farfasa dutse, inda kuma za a buɗe gidan tarihin ramin ranar 27. Don bikin buɗewar aka ba ni aikin fim ɗin. Sun yi ƙoƙari, gaskiya. An goge manyan ƙafafun ƙarfen nan har suna ƙyalli, an jera hulunan kwano a bango, an sa agogon buga katin shiga aiki a cikin gilashi. Wurin yana warin fenti. A da warin baƙin mai yake yi da zufa.

Ya tsayar da ni a gaban allon tagulla mai sunaye bakwai. A ƙasan sunayen an rubuta cewa bangon ramin ya zaftare musu sakamakon ruwan sama mai ƙarfi. Shekara talatin da ɗaya haka kowa ya sani.

Ya ce, "Hajiya, fim ɗinki ya yi kyau ƙwarai. Minti huɗu ne kawai suka yi masa yawa. A cire su, kowa ya huta."

Sai bakina ya buɗe. Na ce gidan tarihi ba shagon fenti ba ne. Na ce ba ƙarfe ne gadon wurin nan ba, mutane ne. Na ce matan nan bakwai suna da hakkin sanin gaskiya. Na yi magana kusan minti goma, mai daɗi, har sakatarensa yana gyaɗa kai.

Na fito ina jin ƙyamar kaina. Ba ƙarya na faɗa ba. Amma ranar da na yanke shawarar saka minti huɗun nan, matan nan ko kusa ba su zo mini a rai ba. Abin da na ce wa Almakashi ranar shi ne, "Yanzu muka sami fim."

Asabar, 10 ga wata, ƙarfe tara na safe, a bakin ramin

Na zo ba kyamara. Ruwa ya cika matakala uku na ƙasa, kore shar, ba ya motsi. Raƙuma tana can gefe da dogon wuyanta, tsatsa ta cinye rabin bokitinta, tsuntsaye sun yi sheƙa a ɗakin direba, inda Baba yake rataye gorar ruwansa.

Bari in rubuta. Sau ɗaya, in huta.

Wata huɗu da suka wuce na yi hira da Kawu a tsohon ofishin heluma, ɗan ɗakin kwanon nan da ke leƙen ramin. Awa biyu yana ba ni labari: yadda ake dasa nakiya, yadda jiniya ke kuka, yadda Baba ya taɓa ɗaga motar manaja da bokitin Raƙuma don ta tare masa hanya. Muka yi ta dariya. Na ce, "Kawu, mun gama." Ni na faɗa, da bakina. Na sauke kyamara daga kan ƙafafunta na ajiye a tebur. Ban kashe ba. Da farko mantuwa ce. Ɗan makirfon kuma yana maƙale a wuyan rigarsa.

Ya leƙa taga. Sai ya ce, "Na gan ta, 'yata. Tsagar bangon. A mataki na huɗu, da safe, kafin su sauka. Na zura hannuna a ciki har wuyan hannu. Usur ɗin yana bakina. Wallahi yana bakina. Sai na tuna satin da ya wuce na busa, aka tsayar da aiki yini guda, aka duba ba a ga komai ba. Manaja ya tara mutane ya ce heluma ya fara tsoron inuwarsa. Ko ɗakin cin abinci na shiga sai wani ya yi fito, a kwashe da dariya. Sai na cire shi daga bakina na sa a aljihu. Na ce bari a tashi hutun rana in sake dubawa. Ba a kai hutun rana ba."

Ya ce ko Gwaggo bai taɓa faɗa wa ba. Ya ce ni ya faɗa wa don fuskata ta Baba ce.

Tun a jimlarsa ta biyu na lura kyamarar tana ɗauka. Tana kwance, tana kallon hannuwansa a kan tebur, yana murza babban yatsa kamar mai son cire wani abu da ya maƙale. Tazarar hannuna da maɓallin ba ta kai taƙi ɗaya ba. Na mayar da hannuna cinya, na danne shi da ɗayan, kada in yi motsin da zai katse shi.

Ban tambaye shi ba don na san zai ce a'a. Shi ke nan. Babu wani dalili.

Ranar kallo, da muryarsa ta cika ɗakin, bai juyo ya nemi inda nake ba. Ya dai dubi hannuwansa na kan allo, sannan ya dubi na kan cinyarsa. Wata mata ta yi ƙara a baya. Wani ya harba kujera. Gwaggo ta kama hannunsa suka bi ta tsakiyar mutane suka fita, sanye yake da sabuwar rigar da ya ɗinka don ranar.

Na rubuta. Ban huta ba.

Litinin, 12 ga wata, ƙarfe takwas na safe

Gobe.

Talata, 13 ga wata, ƙarfe uku na rana

Inna ta kira. An kwantar da Kawu a asibiti tun jiya. Jininsa ya hau, kuma kwana tara ba ya cin abin kirki. Ta ce in zo in kai ta.

A mota ta ce, "Kin san daga saman Raƙuma ana ganin ramin duka?"

Na ce na sani, na hau.

"Babanki ya ga Kawunki ranar. Ya gan shi durƙushe a wurin, ya ga ya tashi ya wuce. Shekara goma sha tara yana riƙe da abin a cikinsa har ya koma ga Allah. Sau ɗaya ya faɗa mini, shi ma zazzaɓi ne ya sa."

Saura kaɗan in hau kan mai keke. Na ce, "Inna, me ya sa bai faɗa ba? Mutum bakwai fa."

Ta ce, "Ban ce miki ya yi daidai ba. Na ce miki ya riƙe. Ki kalli hanya."

A asibiti Inna ta shiga. Ni na tsaya a baranda, kusa da kwandon shara, ina karanta takardar wanke hannu da ke manne a bango. Na karanta ta ta kai sau ashirin. Da Gwaggo ta fito ɗebo ruwa ta gan ni, ta wuce ta gabana kamar ginshiƙi ta gani.

Laraba, 14 ga wata, ƙarfe shida na yamma

Maigidana ya ce in daina zagaye falo, zan huda masa kafet. Ya ce, "Ai gaskiya kika nuna." Na ce ya yi shiru don Allah. Bawan Allah, taimako yake so ya yi. Na ba shi haƙuri daga baya.

Juma'a, 16 ga wata, ƙarfe ɗaya na rana

Yau mun yi baƙuwa a ɗakin tacewa. Muka ji ana hawo matakala a hankali, ana hutawa. Wata dattijuwa ce, da tef ɗin awo rataye a wuya, ta manta ba ta cire ba. Na gane ta. Mai ɗinkin bakin kasuwa ce. Mijinta direban tifa ne, na uku a jerin sunayen allon tagulla. Ita ce ta yi ƙarar ranar.

Ta ce, "Ke ce mai fim?"

Na ce ni ce, Baba. Na ba ta kujerata.

"Ina so in sake ji. Ranar hayaniya ta hana ni jin ƙarshen."

Na dubi Almakashi. Ya sa mata abin ji a kunne, ya kunna. Ta saurara, hannuwanta a kan jaka. Da ya ƙare ta ce a sake. Aka sake.

Ta cire abin ta miƙa masa. Ta ce, "Shekara talatin da ɗaya ina jin haushin ruwan sama. In hadari ya haɗo sai in rufe taga in kunna rediyo. 'Ya'yana sun ɗauka tsoron tsawa nake." Ta gyara mayafi. "Kuma mutumin nan, duk shekara shi ke kawo mini kayan makarantar yara in ɗinka. Nasa, na maƙwabta, har na waɗanda bai sani ba. Ina ce kirki ne kawai."

Na ce mata ta yi haƙuri.

Ta ce, "Ya san kina ɗauka?"

Fankar nan ta yi ta kukanta. Na ce, "A'a, Baba. Bai sani ba."

Ta daɗe tana kallona, ba da fushi ba, irin kallon da ake yi wa yadi kafin a yanka. Ta ce, "Na so in sani, ba zan ɓoye miki ba. Amma ba a jikin bango ba, jikokina na zaune a gefena suna cin gyaɗa. Da bakinsa na so in ji. Yanzu kin ƙwace masa faɗa, ni kuma kin ƙwace mini ji."

Almakashi ya raka ta har ƙasa. Da ya dawo ya ce, "Yau kam an yanka mu." Ba wanda ya yi dariya.

Asabar, 17 ga wata, ƙarfe goma na safe

An sallame shi jiya. Na sa takalmi. Na cire. Na sake sawa.

Asabar, ƙarfe biyar na yamma

Na je. Na shiga.

Har yanzu akwai inuwar jan a ƙofar in ka lura. Gwaggo ta buɗe, ta tsaya a tsakiya.

Na durƙusa na gaishe ta. Ta ce, "Ina kyamarar?"

"Ban zo da ita ba, Gwaggo."

"Buɗe jakar."

Na buɗe. Ta duba da gaske, har ƙaramin aljihun ciki. Ta ɗauki wayata ta ajiye a kan firij. Ta ce, "Shekara arba'in da shida ina kwana ɗaki ɗaya da mutumin nan. A lasifika na ji, tare da 'yan kallo. Ki wuce, yana baya. Shi ya ce in kin zo a bar ki. Da ta ni ce, da kin koma."

Yana zaune a bayan gida cikin tumatirinsa, waɗanda yake shukawa a tsofaffin hulunan kwano. Ya zabge. Wuyan rigarsa ya yi masa yawa. Na zauna a ƙasa kusa da ƙafarsa. Duk abin da na tsara a mota ya gudu. Na ce, "Kawu, na ga tana ɗauka, ban kashe ba. Ban tambaye ka ba don na san za ka hana. Na ci amanarka."

Ya tsinke wani busasshen ganye ya murza shi.

Ya ce, "Kin iya aikinki. Da na ji muryar sai na ce, wane tsoho ne wannan mara kunya? Sai na ga zobena."

Na fara kuka. Ya bar ni na yi, bai ce in daina ba.

Ya ce, "Da kin tambaye ni, da na ce a'a. Da kin sake tambaya, a'a zan ce. Ta uku ban sani ba. Shekara talatin ina neman wanda zai tambaye ni sau uku. Ke ko ɗaya ba ki ba ni ba."

Na ce zan cire. Na ce zan goge shi daga ko'ina, yau ɗin nan.

"Ki goge daga kunnen mutum ɗari da arba'in?"

Sai na ba shi labarin mai ɗinki, duk abin da ta ce, ban rage ba. Ban san ko daidai na yi ba. Wataƙila wani nauyin na sake ɗora masa don in sauke nawa. Ya rufe ido. Na ɗauka barci ya yi. Can ya ce, "Ta ce da bakina?"

Na ce e.

Ya ce, "Tashi ki je, malama. Na gaji."

Malama. Tunda aka haife ni bai taɓa kirana haka ba.

Litinin, 19 ga wata, ƙarfe goma sha biyu na rana

Na gaya wa shugaban kwamiti ba za a nuna fim ɗin ranar 27 ba. Ba da minti huɗun ba, ba kuma babu su ba. Na ce ba nawa ba ne da zan yanke, ba kuma nasa ba. Ya ce an buga takardun gayyata da sunan fim ɗin. Ya ce manyan baƙi za su zo. Ya ce in na yi haka kada in sake sa ran wani aiki daga wurinsu, kuma zai faɗa wa duk wanda ya tambaye shi. Na ce ya faɗa. Wannan karon ban yi dogon jawabi ba.

Shekara biyu. Na hau Raƙuma sau goma sha ɗaya, na karya yatsa a layin dogo, na yi hira da mutum sittin, uku daga cikinsu sun rasu kafin su gani. Ina jin zafin abin, kuma ina jin kunyar jin zafin.

Almakashi ya kwafe komai a faifai guda ya sa a aljihun tebur ya kulle. Ya ce, "Ba a yanka ba, ba a sake ba. Sai mai shi ya yi magana."

Laraba, 21 ga wata, ƙarfe bakwai na safe

Shiru. Na gyara wa Inna famfo da kaina. Yanzu ya fi da zuba.

Juma'a, 23 ga wata, ƙarfe shida na yamma

Gwaggo ta kira ni. Ba gaisuwa. "Ya ce ki zo da mota gobe ƙarfe tara. Mota kawai." Ta kashe.

Asabar, 24 ga wata, ƙarfe biyu na rana

Na same shi a shirye a bakin ƙofa, da sanda, sanye da rigar nan ta ranar kallo. Gwaggo ta gyara masa hula, ta ce mini, ba tare da ta dube ni ba, "Maganinsa na ƙarfe goma sha ɗaya yana aljihun hagu. In kin manta, kada ki dawo mini gida."

Bai zauna gaba ba, baya ya shiga. Ya ce, "Bakin kasuwa."

Da muka wuce ƙofar gidan niƙa ana ɗaura tutoci don bikin, bai juya ba. Na tsaya a gaban shagon mai ɗinki. Ta cikin labule ana jin keken ɗinki yana tafiya. Na fito zan kama shi, ya ɗaga sanda.

"Ke ki zauna nan."

Ya ɗauki lokaci kafin ya hau 'yan matakala biyun. Ya yi sallama. Keken ya tsaya.

Na zauna a mota. Ban ji komai ba, ban ga komai ba sai labule. Wata mata ta zo karɓar ɗinki, ta leƙa, ta juya ta tafi. Ƙarfe goma sha ɗaya ta yi, na rasa yadda zan yi da maganin, na fito na tsaya a rana, na koma. Awa ɗaya da minti arba'in.

Mai ɗinki ce ta fara fitowa. Idanunta sun kumbura. Ta zo tagar mota ta ce, "Ya sha maganinsa, na ba shi ruwa." Na ce na gode, Baba. Ta ce, "Ban ce masa na yafe ba. Ban ce ban yafe ba. Na dai ba shi kujera." Ta koma ciki.

Sai ga shi. Wannan karon ya bari na riƙe masa gwiwar hannu har mota. Ya jingina, ya rufe ido, numfashinsa yana fita da ƙyar. Na tambaye shi ko in kai shi asibiti. Ya girgiza kai.

Na ce, "Kawu, fim ɗin fa, duk abin da ka ce..."

"Ki bar maganar fim. In na gama zan gaya miki, in ina da rai."

"In ka gama me?"

Ya buɗe ido ya dube ni ta madubi.

"Saura gida shida. Biyu sun bar gari, sai kin nemo mini inda suke. Ɗaya kuma ɗansa ne ya rubuta mini a ƙofa, can za mu je jibi." Ya gyara sandarsa tsakanin gwiwoyi. "Ki cika tanki. Tada mota, Gwaggonki na jira."